R. D. Burman: Yadda Kasuwar Fim Ta Bombay Ta Yasar Da Gwaninta

A shekarar 1988 gidan fim na Nasir Hussain ya fitar da Qayamat Se Qayamat Tak, fim ɗin da ya fito da Aamir Khan a matsayin jarumi. Ɗan mai gidan, Mansoor Khan, shi ne darakta, kiɗan kuwa aka damƙa wa wasu matasa biyu, wa da ƙane, Anand da Milind. Fim ya karɓu, waƙoƙinsa suka cika gari. Amma duk wanda ya san tarihin gidan ya lura da sunan da babu a jikin fastar. Kusan shekara ashirin, tun daga 1966, Rahul Dev Burman ne makaɗin wannan gida, kuma waƙoƙinsa ne suka riƙa kai finafinan Nasir Hussain inda suka kai. A shekarar dai ciwon zuciya ya kwantar da Burman. Lokacin bai cika hamsin ba.

Tambayar da wannan nazari ke bi ita ce: yaya mutumin da ya yi wa finafinai 331 kiɗa, wanda har yau matasan Indiya ke rera waƙoƙinsa, ya wayi gari furodusoshi na kauce masa? Amsar da aka fi bayarwa ita ce zamani ya wuce shi. Ni ban gamsu da ita ba, kuma aikinsa na ƙarshe ma ya isa ya rushe ta.

Ɗan gado

An haife shi a Kalkata ranar 27 ga Yuni, 1939. Mahaifinsa Sachin Dev Burman jinin sarautar Tripura ne, kuma ɗaya daga cikin manyan masu tsara kiɗan fim a Bombay, wato Mumbai ta yanzu. Mahaifiyarsa Meera marubuciyar waƙa ce. Tun yana ƙarami ake ce masa Pancham, sunan da ya bi shi har kabari. Ya koyi kaɗa sarod, wani kayan kiɗa mai tsirkiya, a wajen Ali Akbar Khan, gangar tabla kuma a wajen Samta Prasad, ke nan tushensa na kiɗan gargajiyar Indiya ne, kuma daga hannun manya ya karɓo shi. Wannan yana da muhimmanci, domin daga baya an daɗe ana yi masa kallon yaron da bai san komai ba sai kwaikwayon Turawa.

Ya shiga sana'ar ne ta ƙofar mahaifinsa. Wani karin waƙa da ya ƙirƙira tun yana yaro, uban ya sa shi a fim ɗin Funtoosh na 1956. Daga nan ya zama mataimaki a ƙungiyar makaɗan uban, yana busa harmonika, yana shirya makaɗa, yana koyon yadda ake magana da darakta. Fim na farko da aka ba shi a 1959 bai kai ga kammaluwa ba. Ɗan wasan barkwanci Mehmood ne ya buɗe masa hanya da Chhote Nawab a 1961, inda Lata Mangeshkar ta rera masa waƙa. Duk da haka sai da ya ƙara shekara biyar yana jira, yana ci gaba da aiki a inuwar uban.

Teesri Manzil na 1966 ne ya fitar da shi. Nasir Hussain ne furodusa, Vijay Anand darakta, Shammi Kapoor jarumi, Majrooh Sultanpuri ya rubuta waƙoƙin, Mohammed Rafi da Asha Bhosle suka rera. Abin da 'yan kallo suka ji a wannan fim sabo ne a kunnensu: ganguna masu gudu, ƙahonin tagulla, jita mai lantarki, da numfashin mawaƙiya da aka mayar wani ɓangare na kiɗan. Daga wannan fim har zuwa farkon shekarun 1980, ludayinsa na kan dawo.

Yadda ake aikin

Sai an fahimci yadda ake haɗa waƙar fim a Bombay a wancan zamani kafin a gane abin da ya same shi. Mai tsara kiɗa ba ya fitar da faifai da sunan kansa ya sayar. Furodusa ne ke ɗaukarsa aiki. Darakta ya zo gidansa ya zauna ya ba shi labarin wurin da waƙar za ta shiga: jarumi ya rabu da masoyiyarsa, ko ana rawa a gidan shaƙatawa alhali mugu na laɓe. Shi kuma ya zauna gaban harmoniyam ya yi ta fitar da kari har darakta ya zaɓi ɗaya, sannan marubuci ya zuba kalmomi a kai. Ranar ɗauka, makaɗa masu ɗimbin yawa su taru a situdiyo, shi ya fi yin nasa a Film Centre da ke unguwar Tardeo, a ɗauki waƙar gaba ɗaya a lokaci guda. Mutum ɗaya ya yi kuskure, kowa ya koma farko. Mawaƙin da ya rera ba shi ake gani a allo ba, jarumi ne ke motsa baki.

A cikin wannan tsari Pancham ya tara mutanen da suka zama kamar iyalinsa. Manohari Singh mai busa saksofon da Basudev Chakraborty su ke tsara yadda kayan kiɗa za su jeru, Maruti Rao Keer ke riƙe da ɓangaren ganguna, Bhanu Gupta da Bhupinder Singh a jita, Kersi Lord a akodiyan da na'urorin lantarki. Ranjit Gazmer ya kawo madal, wata 'yar ganga ta ƙasar Nepal, ta zama ɗaya daga cikin alamomin da ake gane kiɗansa da su. Manyan masana irin su Hariprasad Chaurasia mai sarewa sun yi masa aiki.

Abin da ya bambanta shi shi ne kunnensa. Duk abin da ke fitar da sauti kayan kiɗa ne a wurinsa. Waƙar da ta fi shahara a Yaadon Ki Baaraat na 1973 da ƙarar cokali a jikin kofin gilashi ta fara. A Sholay na 1975, waƙar da shi kansa ya rera da muryarsa mai kaushi, da busa bakin kwalabe aka buɗe ta. A wani fim mai suna Kitaab na Gulzar, darakta kuma marubucin waƙa, teburan ɗalibai aka daka a madadin ganga, domin a cikin aji waƙar take. Na ga wasu suna kawo waɗannan a matsayin abin ban dariya. A ganina sun nuna mutum ne da ke tunanin wurin da waƙar za ta zauna a fim, yana neman sautin da ya dace da wurin ko da babu shi a cikin kayan da aka saba.

Kuma ba kiɗan rawa kaɗai ya iya ba. A tsakanin 1971 da 1972 ya fitar da waƙar 'yan shaye-shaye ta fim ɗin Hare Rama Hare Krishna, wadda ta girgiza dattawa, ya kuma fitar da waƙoƙin Amar Prem waɗanda ya gina a kan raga, wato tsarin karin gargajiyar Indiya, masu sanyi da nauyi, Kishore Kumar da Lata suka rera. Aikinsa da Gulzar, daga Parichay na 1972 zuwa Aandhi na 1975 har zuwa Ijaazat na 1987, wani babi ne mai zaman kansa. Wasu daga cikin karin da ya yi amfani da su a Hindi ya fara gwada su ne da harshen Bengali, a faya-fayan da ake fitarwa lokacin bikin Durga Puja na mabiya addinin Hindu, sai wanda ya zauna ya kawo shi Bombay.

Gaskiya ɗaya ba za a tsallake ta ba: ya ari kari daga waje. Waƙar nan ta Sholay ta bi sawun wata da mawaƙin Girka Demis Roussos ya rera, kuma ba ita kaɗai ba ce. Ba a rubuta sunan masu asali ba, kuma wannan aibi ne ko da kowa na yi a lokacin. Sai dai wanda ya saurari biyun zai ji cewa abin da ya ɗauko ƙashi ne kawai, tsokar tasa ce.

Wani abin mamaki shi ne duk shekarun 1970, lokacin da ya fi kowa tashe, bai taɓa karɓar kyautar gwanin mai tsara kiɗa ta Filmfare, bikin karrama 'yan fim ɗin Hindi na shekara-shekara, ba. Asha Bhosle ta karɓi ta gwanar mawaƙiya da waƙoƙinsa shekara biyu a jere, Rafi ya karɓi kyautar ƙasa da waƙarsa ta Hum Kisise Kum Naheen. Shi sai a 1983 ya samu ta farko da Sanam Teri Kasam, ta biyu a 1984 da Masoom. Ijaazat ya kawo wa Asha da Gulzar kyautar ƙasa a kan waƙa ɗaya, wanda ya ɗora mata kari ya tashi a tutar babu. Ita ce waƙar da Gulzar ya sha ba da labarin cewa da ya miƙa masa kalmomin, Pancham ya yi ƙorafin babu ma'auni babu amsa-amo, yana cewa saura a kawo masa kanun jarida a ce ya sa musu kiɗa. Ya gama ƙorafin ya zauna ya yi.

Gangara

Faɗuwar ba rana ɗaya ta zo ba, kuma ba dalili ɗaya ba ne.

Na farko, a Bombay darajar mai kiɗa a ɗaure take da kuɗin da fim ya kawo a sinima. In fim ya faɗi, duk wanda sunansa ke jiki ya shafa, ko da waƙoƙin sun fi labarin kyau nesa ba kusa ba. Finafinai uku na ƙarshe da ya yi da Nasir Hussain, na 1981 da 1984 da 1985, duk ba su yi kasuwa ba. Saagar na Ramesh Sippy ya fito a 1985 da waƙoƙin da har yau ake ji, amma bai mayar da abin da aka sa rai ba. Masu zuba kuɗi a wannan sana'a mutane ne masu camfi. Da zarar an fara raɗe-raɗin cewa wane ba shi da sa'a, ba wanda ke tsayawa ya saurari kaset ɗinsa ya yi hukunci da kunnensa.

Na biyu, finafinan kansu sun canja. Zamanin soyayya na jarumi Rajesh Khanna, wanda muryar Kishore da kiɗan Pancham suka taimaka wajen ginawa, ya ba da wuri ga finafinan faɗa da ramuwar gayya. A shekarun 1980 bidiyo ya shiga gidaje, satar fasaha ta yi ƙamari, iyalai suka rage zuwa sinima. Furodusoshi suka koma neman abin da zai tayar da 'yan kujerun gaba, cikin sauri da araha. Mai tsara kiɗa Bappi Lahiri ya cika wannan gurbi da Disco Dancer a 1982 da Himmatwala a 1983. Abin takaici, mutumin da ya fara shigo da irin wannan bugun cikin fim ɗin Hindi shi aka ce ya tsufa.

Na uku, ginshiƙansa sun zube ɗaya bayan ɗaya. Mahaifinsa ya rasu a Oktoban 1975, shi ya ƙarasa masa aikin fim ɗin Mili. Rafi ya rasu a 1980. Kishore Kumar, wanda ya fi kowa sanin yadda ake rera karinsa, ya rasu a Oktoban 1987. Asha Bhosle, wadda ya aura a 1980 bayan aurensa na farko ya mutu, tana nan, amma muryar namiji da ya saba gina waƙa a kanta ta tafi.

Akwai kuma nasa rabon laifin. A farkon shekarun 1980 ya karɓi aiki fiye da kima, har da finafinan da ba su cancanci lokacinsa ba, kuma a wasunsu ana jin gajiya, ana jin yana maimaita kansa. Da abubuwa suka fara taɓarɓarewa sai ya shiga ƙoƙarin yin irin abin da kasuwa ke so, wanda ba a nan ƙarfinsa yake ba. Faifan Pantera da ya yi a Amurka ya fito a 1987 bai je ko'ina ba. Ga shi kuma ba mutum ne mai bin furodusoshi gida-gida yana neman aiki ba, alhali a wannan kasuwa wanda bai iya tallar kansa ba an manta da shi.

Abin da ya fi yi masa ciwo shi ne batun Ram Lakhan. Darakta Subhash Ghai ya yi masa alkawarin fim ɗin, aka sanar, daga baya aikin ya koma hannun masu tsara kiɗa Laxmikant da Pyarelal, waɗanda suka daɗe suna aiki da Ghai. Fim ɗin ya fito a 1989 ya yi kasuwa sosai. A shekarar ce aka yi wa Pancham tiyatar zuciya a Landan. Ya dawo ya tarar da sabon zamani: kamfanin kaset na T-Series ya mamaye kasuwa da kaset mai araha, Aashiqui ya fito a 1990 da kiɗan Nadeem da Shravan, waƙar soyayya mai daɗin kari ta dawo yayi. Wato abin da ya fi kowa iyawa ya dawo, amma an kira wasu su yi.

A nan ne nake ganin hujjar "zamani ya wuce shi" ta karye. Mutumin da ya yi Ijaazat a 1987 da Parinda a 1989 basirarsa ba ta ƙafe ba. Abin da ya ƙafe shi ne kiran waya.

Aikin ƙarshe

Darakta Vidhu Vinod Chopra, wanda ya yi Parinda da shi, ya dage sai shi a fim ɗinsa na gaba, 1942: A Love Story. Chopra ya sha faɗa cewa masu sayen haƙƙin waƙoƙi ba su so hakan ba, don a ganinsu sunan Burman ba ya sayar da kaset. Ya kuma ba da labarin cewa karin farko da Pancham ya kawo masa cike yake da hayaniyar da ake yayi a lokacin, shi kuma ya ƙi karɓa, ya ce ba wannan ya zo nema ba, ya nuna masa hoton mahaifin Pancham ɗin. Pancham ya nemi a ba shi lokaci, ya dawo da wani abu daban.

Wannan labari ya fi duk wani sharhi bayyana abin da shekarun suka yi masa. An yi ta gaya masa cewa abin da ya iya ba a so, har shi ma ya yarda. Da aka samu darakta ɗaya da ya ce masa yi naka, sai ga waƙoƙi masu natsuwa, kayan kiɗa kaɗan, kowane sauti a muhallinsa. Javed Akhtar ya rubuta, Kumar Sanu da Kavita Krishnamurthy suka rera mafi yawa.

Bai ga fitowar fim ɗin ba. Ya rasu a Bombay ranar 4 ga Janairu, 1994, yana da shekara 54. Bayan 'yan watanni fim ya fito, waƙoƙin suka mamaye Indiya. A bikin Filmfare na 1995 aka ba shi kyautarsa ta uku, Javed Akhtar da Sanu da Kavita kowa ya karɓi tasa da waƙoƙin fim ɗin. A shekarar aka ƙirƙiro kyauta da sunansa don sababbin masu basira, wanda ya fara karɓa kuwa shi ne A. R. Rahman.

Wa ya ci ribar?

Bayan rasuwarsa kasuwar da ta guje shi ta dawo kan kayansa. Daga tsakiyar shekarun 1990 aka shiga yayin sabunta tsofaffin waƙoƙi da bugun zamani, kuma nasa ne aka fi ɗauka, domin tun asali a kan ganga mai motsa jiki ya gina su. An yi finafinai sukutum don girmama shi, an yi fim ɗin tarihinsa a 2008, hukumar gidan waya ta Indiya ta buga kan sarki da hotonsa a 2013. Makaɗansa da suka rage suka riƙa zagaya garuruwa ana cika zaure don a ji su.

Nan ne batun kuɗi ya shigo, kuma a ganina shi ne zuciyar lamarin. Bisa al'adar da aka daɗe a kai, furodusa kan biya mai kiɗa ladansa sau ɗaya, haƙƙin waƙar ya zama na furodusa, shi kuma ya sayar wa kamfanin faifai. Hukuncin Kotun Ƙolin Indiya na 1977 ya ƙarfafa wannan fahimta, inda ya nuna cewa in an ɗauki mai kiɗa aiki don fim, furodusa ne mai haƙƙi sai in an yi yarjejeniya ta daban. Ma'anar wannan ga mutum irin Pancham a fili take. Waƙoƙinsa na shekarun 1970 suna ta kaɗawa a rediyo, ana ta buga su a kaset ana sayarwa, a daidai lokacin da shi ke zaune a gida yana jiran wanda zai ba shi sabon aiki. Da tsofaffin ayyukansa na ciyar da shi yadda ya kamata, da bai buƙaci karɓar kowane fim da ya zo ba, da kuma faɗuwar fim uku ko huɗu ba ta zama barazana ga rayuwarsa da ta makaɗan da ke ci a ƙarƙashinsa ba.

Javed Akhtar, abokin aikinsa na ƙarshe, shi ya ja ragamar gyara wannan. Bayan an naɗa shi ɗan majalisar dattawan Indiya, Rajya Sabha, a 2010, ya tsaya kai da fata tare da wasu masu kiɗa da marubuta, furodusoshi da kamfanonin faifai na adawa, har majalisa ta amince da gyaran dokar haƙƙin mallaka a watan Mayun 2012. Gyaran ya tanadi cewa mai kiɗa da marubucin waƙa suna da kaso a kuɗin da waƙarsu ta kawo a duk inda aka yi amfani da ita ban da nuna fim a sinima, kuma ba za a sa su rattaba hannu su yafe wannan kaso ba, sai dai su bar wa magadansu ko ƙungiyar da ke karɓar musu. An ɗauki shekaru ana shari'a da gidajen rediyo da kamfanoni kafin kuɗin ya fara shiga hannun masu shi, kuma a 2017 Javed Akhtar ya zama shugaban ƙungiyar da ke tattara wannan kaso, IPRS.

Dokar ta taɓa rabin matsalar ne. Ɗaya rabin, wato furodusa ya auna mai kiɗa da cinikin fim ɗinsa na baya, ba abu ne da majalisa za ta hana ba. Yau ma a Mumbai an koma raba waƙoƙin fim ɗaya ga masu kiɗa uku ko huɗu, kamfanin faifai ne ke da babbar murya wajen zaɓe, kuma sau da yawa ɗaya daga cikin waƙoƙin tsohuwa ce aka sake wa riga. Zama irin wanda darakta da mai kiɗa da marubuci kan yi na makonni a ɗaki ɗaya, wanda ya haifar da Aandhi da Ijaazat, 'yan daraktoci ƙalilan ne ke iya tilasta wa kamfani ya ba su.